Gashin maijego: asusun wata tara ne ake fasawa

 

Ranar zubi ce. An gama ƙirga kuɗi, an rufe akwati, masu riƙon makulli kowace ta ɗaure nata a bakin zane. Har wasu sun fara naɗe tabarma, sai wata ƙanwarmu mai goyon fari, yaronta na da wata huɗu, ta ce tana da magana. Ta kwance wani ƙulli a haɓar zanenta. Mu duka mun zaci kuɗi ne. Ashe gashi ne, dunƙule guda kamar ƙwan zabuwa, wanda ta tattara a tsifa ɗaya tak.

Bashi take so. Rabi za ta sayi wani mai da aka tallata mata a kasuwa, rabi kuma za ta kai inda za a karya mata abin da aka yi mata, don ta fara zargin abokiyar zamanta. A gida kuma uwar miji ta ce nono ne ke shanye ta, gara ta fara ɗura wa yaro kunu ta huta. Tana faɗa idonta na kawo ruwa.

Sai wata dattijuwar cikinmu ta ture kallabinta baya, ta nuna mata kai. Haihuwarta bakwai, kuma babu wadda gashin bai zube ba, ga shi nan kuma har yau ana yi mata kitso. Daga nan baki ya buɗe. Wannan ta ce ita ma haka, waccan ta ce nata har gefen goshi ya yi fili. Kusan duk wadda ta taɓa haihuwa a wurin ta san abin, amma kowace ta haɗiye nata ita kaɗai, tana tsammanin ita ce aka nufa. Shi ya sa muka ga ya dace mu baje wannan magana a faifai, don ciwon ƴa mace na ƴa mace ne.

Gashi ma yana da layi

Kan mutum na ɗauke da silin gashi wajen 100,000. Ba tare suke rayuwa ba, kowane sili da nasa lokaci. Yakan yi shekara 2 zuwa 6 yana tsawo, sannan ya tsaya ya huta kamar wata 3, sai ya faɗi, sabo ya tsiro daga ramin da ya bari. A kowane lokaci, kashi 85 zuwa 90 cikin 100 na gashin kanki yana cikin girma, sauran na hutu suna jiran faɗuwa. Don haka mace mai ƙoshin lafiya takan zubar da sili 50 zuwa 100 kowace rana, ba ta ma lura ba. Kamar adashi ne: yau wannan ta kwasa, wani mako waccan, ba a taɓa kwashewa rana ɗaya.

To in ciki ya shiga, sai tsarin ya sake. Jikin mai ciki yana ƙara yawan wani sinadari da ake kira istirojin, shi kuma yana riƙe gashi a cikin girma, ya hana shi shiga hutu. Wanda ya kamata ya faɗi sai ya zauna. Shi ya sa mata da yawa kan ga kansu ya cika lokacin ciki, har makitsiya ta riƙa cewa kai ya yi albarka. Ba sabon gashi ne ya ƙaru ba, tsohon ne bai tafi ba. Adashi ya koma asusu, ana ta zubi babu mai kwasa.

Da an haihu, mabiyiya ta fita, cikin ƴan kwanaki sinadarin nan ya sauka. Duk gashin da aka riƙe sai ya shiga hutu lokaci guda. Tun da hutun kan ɗauki kamar wata 3, ba a ganin komai a makon suna, ba a gani ranar arba'in. Sai yaro ya kai wata 2 zuwa 4 zubar take farawa, ta fi ƙarfi wajen wata na huɗu. Ranar fasa asusu ke nan. Ki lissafa da kanki: ko da sili 30 kawai ya ƙi faɗuwa kowace rana, cikin wata shida ya haura 5,000, ga su kuma za su fita cikin ƴan makonni.

Mu masu kitso abin ya fi tsorata mu, don gashin da ya saki ba ya faɗuwa ƙasa, yana maƙale cikin kitso. In kin yi mako biyu ko uku ba ki tsefe ba, ranar tsifa zubar dukan kwanakin nan za ki gani a mataji. Dunƙulen da ƙanwarmu ta ƙulle a zane, na kwana ashirin ne ta gani a wuni ɗaya.

Wannan zuba tana tsayawa da kanta. Saiwar gashin tana nan da ranta a cikin fata. Ɗan farin abin da kike gani a gindin silin da ya faɗi ba saiwar ba ce ta tuge, alama ce cewa silin ya gama zamaninsa. Bayan ƴan watanni za ki ga ƙananan gashi sun tsattsaya a gefen goshi, ba su kitsuwa, ba su kwanciya. Kada su ba ki haushi, su ne sabon tsiro. Gashi kuwa ba ya gaggawa, tsawon da yake ƙarawa a wata wajen santimita ɗaya ne kawai. Yawancin mata kan ga kansu ya koma daidai tsakanin wata 6 zuwa 12 bayan haihuwa, wato kafin yaro ya cika shekara.

Mu tuna kuma da ƴar uwar da ta yi ɓari, ko ta haihu ɗan bai zo da rai ba. Ita ma jikinta ya bi wannan hanya, gashinta na iya zuba. Ba wani sabon bala'i ne ya same ta ba, a gaya mata da taushin baki.

Ba nono ba ne, ba kuma abokiyar zama ba

Maganar cewa shayarwa ce ke cinye gashi ta zaga gari, amma ba haka ba ne. Matan da ba su shayar ba ko kwana ɗaya, su ma gashinsu na zuba a wannan lokacin. In kin yaye yaro a wata huɗu, zubar ba za ta tsaya ba, sai dai ki jawo masa zawo da rama. Jariri na bukatar nonon uwa zalla, ba ruwa ba kunu, har wata 6, sannan a haɗa da abinci a ci gaba da ba shi nono har shekara 2. Innoninmu da uwayen mazanmu don tausayi suke faɗa, sun ga yarinya ta faɗa. Amma maganin ramar maijego a ƙara mata abinci, ba a rage wa jariri nono ba.

Sai zancen sammu. Mun taso mun ga ana ɓoye gashin tsifa kada ya faɗa hannun da bai dace ba, don haka in gashi ya fara zuba, zuciya takan tafi can. Ƴar uwa, ki tsaya ki yi tunani. Abin da ke samun mata a Maradi da Damagaram da Tawa da Yamai, yana samun matan Faransa da na Sin, masu kishiya da marasa kishiya, kuma duk a wata na uku ko na huɗu, wa ya bi su duka ya yi musu? Gidaje nawa aka daina gaisawa a kan abin da halitta ce kawai? Ki yi addu'arki, ki nemi tsari, wannan babu mai hana ki. Amma kada ki ɗora wa baiwar Allah laifin da ba ta san hawa ba ba ta san sauka ba.

Mai da ake tallatawa kuma, ga inda dabarar take. Kin saya a wata na huɗu, lokacin da zubar ta fi ƙarfi. Kin yi wata biyu kina shafawa, zubar ta ragu don lokacinta ya yi. Sai ki ce mai ya yi aiki, ki gaya wa maƙwabciya, ita ma ta kai jikarta biyu ko uku. Da ba ki shafa komai ba, haka za ta ragu. Man kaɗanya da man shanu da man riɗi suna da amfaninsu: suna sa gashi laushi, su rage karyewa, musamman lokacin hunturu da iska ke busar da kai. Amma babu man da ke hana gashin da ya riga ya shiga hutu faɗuwa. Akwai wani maganin tsiro da gashi da ake samu a farmasi, minoksidil, wannan mai ciki da mai shayarwa kada su taɓa shi sai da izinin likita. Aske kai ma ba ya sa gashi ya fito da yawa, tsawon kawai za ki rasa.

Gashin da ba ya dawowa

Nan ne muke so a buɗe kunne. Gashin da haihuwa ta zubar yana dawowa. Wanda ba ya dawowa shi ne wanda muka cire da hannunmu.

Mun san halinmu. Ranar suna sai an yi kitso na gani na faɗa. Ranar arba'in, za a koma ɗaki, sai an yi wanda ya fi shi. In gefen goshi ya fara fili kuma, sai mu ce wa makitsiya ta kamo ƴan ƙananan nan ta ja su, ko ta ƙara meshi a rufe wurin. Har mukan ce kitson da bai yi zafi ba bai kamu ba. To ja da nauyi a kan saiwar gashi, wata da watanni, yana raunana ta. Da farko in an sassauta tana farfaɗowa. In aka daɗe ana yi, sai ramin gashin ya mutu ya zama tabo, fatar wurin ta yi sumul tana ƙyalli. Daga nan babu mai, babu allura, babu rubutun da zai fito da gashi a wurin. Ku dubi yayyenmu da gefen goshinsu ya ja baya har kusan tsakiyar kai: yawanci ba haihuwa ce ta yi musu ba, kitso ne. Garin gyaran gira an rasa ido.

Alamomin kitso ya yi tsauri ba ɓoyayyu ba ne. Kai na ciwo har sai kin sha magani kafin ki yi barci. Fata ta ɗaga tsakanin layuka. Ƙananan ƙuraje sun feso a bakin kitso. Ba ki iya ɗaga gira ko sunkuyar da kai sai da zafi. In kin ga ɗaya daga ciki, ki tsefe a ranar, kada ki ji asarar kuɗin kitso.

Daga haihuwa har yaro ya shekara, ga abin da muke ba juna shawara. A yi kitso manya, sakwa-sakwa, a bar ƙananan gashin gefen goshi su sha iska. A ajiye meshi da kitson zare mai ɗaurewa tamau. A sauya salon kitso, kada kullum ja ya zama ta gefe ɗaya. A dakata da man miƙar da gashi, don yana raunana sili, in ya haɗu da ja kuma ɓarnar ta fi yawa. Wurin tsifa a shafa ɗan mai, a fara warwarewa da yatsu, a taje daga baki zuwa gindi da mataji mai manyan haƙora. A wanke kai a kai a kai, wanki ba ya ƙara zuba, wanda ya riga ya saki ne kawai ke fita. A bar gashi ya bushe kafin a ɗaura kallabi ko a sa hijabi, kuma kada ɗaurin ya riƙa cizon goshi wuri ɗaya. Lallen gargajiya ba shi da laifi, amma baƙin rini mai haɗin sinadari yakan ƙona wa wasu fata. Wurin wankan jego kuma, ruwan da zai ƙona hannu bai kamata ya hau kai ba.

Makitsan da ke cikin ƙungiyoyinmu, wannan magana taku ce. In maijego ta zauna gabanki ta ce ki ja, ki ce mata a'a, ki gaya mata dalili. Kan da kika tsare yau, shi za ki ci gaba da kitsawa shekara ashirin.

In da ciki ne gashin ke zuba

Wannan daban ne. Tun da ciki riƙe gashi yake yi, in mai ciki ta ga nata na zuba sosai, sai a nemi dalili. Wani lokaci abin da ya faru wata biyu ko uku baya ne ke bayyana: zazzaɓi mai zafi, laulayi mai yawan amai da ya hana ta cin abinci, tashin hankali, ko daina shan ƙwayoyin tazarar haihuwa kafin cikin ya shiga. Irin wannan yakan wuce. Amma abin da ya kamata a fara dubawa a ƙasarmu shi ne ƙarancin jini.

Binciken lafiya na ƙasa na shekarar 2012 ya nuna kusan rabin matan Nijar masu shekarun haihuwa suna da ƙarancin jini. Jini na bukatar sinadarin ƙarfe kafin ya ginu. Ciki na cin ƙarfe, haihuwa na zubar da jini, zazzaɓin sauro na fasa ƙwayoyin jini, tsutsar ciki na tsotsa. In kuma wani ciki ya shiga kafin jiki ya mayar da abin da ya rasa, sai rumbu ya zama wayam. Jiki kuwa yana da wayo: in abu ya yi kaɗan, zuciya da ƙwaƙwalwa da ɗan da ke ciki yake fara ba, gashi shi ne na ƙarshen layi. Don haka zubar gashi kan zama ɗan aike. Ba gashin ne abin tsoro ba, saƙon da ya kawo ne. Mace mai ƙarancin jini in ta zo haihuwa, zubar jinin da wata za ta jure ita yana iya kai ta ƙasa.

Ki ja fatar idonki ta ƙasa a gaban madubi, ki dubi tafin hannu da farce da harshe. In sun yi fari fat, ga jiri in kin miƙe, ga bugun zuciya, ga haki in kin ɗauko ruwa ko kin yi daka kaɗan, to ki je a auna jininki. Yawan kwaɗayin farar ƙasa ma yakan zama alama, kuma cin ta na ƙara hana jiki ɗaukar ƙarfe. A awon jini, in lambar mai ciki ta yi ƙasa da 11, ko ta marar ciki ta yi ƙasa da 12, jini ya yi kaɗan.

Ƙwayoyin ƙarin jini da ake ba mu wurin awo, masu ƙarfe da folik asid, Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce mai ciki ta sha kowace rana har ta haihu, kuma a ƙasashe irin namu ana so maijego ta ci gaba da sha mako 6 zuwa 12 bayan haihuwa. Mu faɗi gaskiya, da yawanmu mukan karɓa mu jefa ƙarƙashin katifa. Wata ta ce suna tayar mata da zuciya, wata ta ce suna sa ɗa ya yi ƙato haihuwa ta yi wuya. Ba su sa ɗa ya wuce kima, ƙarfin naƙuda ma suke ba ki. In suna tayar miki da zuciya, ki sha bayan cin abinci ko da dare. In bayan gida ya yi baƙi, ba komai, aikinsu ne. In ciki ya ɗaure, ki ƙara ruwa da ganye. Abu ɗaya dai: a ɓoye su nesa da yara, don yaro in ya haɗiye su da yawa suna iya kashe shi.

A haɗa da kwana cikin gidan sauro kowane dare, da shan maganin rigakafin zazzaɓi da ake bayarwa wurin awo daga wata na huɗu, da maganin tsutsa in malamar awo ta bayar. Bayan haihuwa kuma a ba jiki hutu: shawarar masana lafiya ita ce a bar aƙalla shekara 2 kafin wani ciki ya shiga.

Abin da ke cikin tukunya

Ba sai mai kuɗi ba. Gashi da jini abincinsu ɗaya ne, kuma yawancinsa na kasuwar ƙauyenmu. Wake, ko dafa-duka ko ɗanwake ko ƙosai. Gujiya da ƙuli-ƙuli. Awara. Zogale, rama, tafasa, yakuwa, kuka. Hatsinmu ma yana da ƙarfe. Ƙwai, kifi ko busasshe ne, fara in lokacinta ya yi, nama ko yanka biyu ne. Hanta tana gina jini sosai ga maijego, mai ciki kuwa ta ci kaɗan, ba kullum ba. Ƙarfen da ke cikin nama da kifi ya fi saurin shiga jiki. Na ganye da wake kuma yana son abokin tafiya mai tsami: matsa lemun tsami a kwaɗon zogale, yanka tumatir ɗanye, sha ruwan garin ɗan kuka, ci gwaba ko mangwaro bayan abinci.

Shayi kuma akasin haka yake yi, yana riƙe ƙarfe ya hana shi shiga jini. Ba mu ce a daina ba, amma kada a kora abinci ko ƙwayar ƙarin jini da shi, a bar tazarar awa ɗaya ko biyu. Gishiri kuma a nemi mai sinadarin iyod.

Gatan maijego a wurinmu kwana arba'in ne. Ana yi mata farfesu, ana dama mata kunu, ana hana ta aiki. Da an yi arba'in sai ta koma ita ce ta ƙarshen ci, bayan maigida da yara da baƙi, ga shayarwa, ga daka, ga itace, ga rijiya. Alhali a wata na uku da na huɗu jikinta bai gama biyan bashi ba. A gaya wa masu gida: kuɗin da za a kai wa mai tallan mai, a sayo mata ƙwai da wake da kifi.

Yaushe za a tafi likita

Zubar jego ta gama-gari ba ta ciwo, ba ta ƙaiƙayi, kuma ko'ina a kai take, ko da ta fi nunawa a gefen goshi. Amma a tafi CSI ko babbar likita in an ga ɗaya daga waɗannan.

Yaro ya shekara, zubar ba ta ragu ba, ba a kuma ga sabon tsiro ba.

Alamomin ƙarancin jini da muka lissafa.

Wuya ya kumbura, ko zuciya na bugawa da sauri, ga zufa ga rawar hannu ga rama, ko kuma akasin haka, jin sanyi da kasala da ƙiba da bushewar fata. Akwai wata halitta a gaban wuya, wadda in ta kumbura muke kira maƙoƙo, takan rikice wa wasu mata cikin shekarar farko bayan haihuwa, kuma tana zubar da gashi. Da awon jini ake gane ta, tana da magani.

Matar da ta zubar da jini mai yawa wurin haihuwa, daga baya nono ya ƙi zuwa, haila ta ƙi dawowa, gashin hammata da na mara suka zube, ga kasala marar iyaka. Wannan ba zubar jego ba ce, ciwo ne da ke bukatar babban likita, kada a zauna da shi.

Gashi ya cire wuri guda, zagaye kamar kwabo, fatar sumul. Ko wurin na ƙaiƙayi, yana ɓarewa, yana ƙuraje ko ruwa, kamar makero.

Haki ko kina kwance, tari da dare, ƙafafu sun kumbura bayan haihuwa. Wannan kada a jira gari ya waye sau biyu, yana iya zama jini ya yi ƙasa sosai ko ciwon zuciya na bayan haihuwa, wanda aka san shi a yankinmu. Mai irin wannan alama ta dakata da kunun kanwa da yawan gishiri har likita ya gan ta.

In kuma ba gashin kaɗai ba ne, kin ga kullum kina kuka, barci ya ƙaurace, ba ki jin daɗin komai har da jaririn, ki gaya wa wadda kika yarda da ita, ku je likita tare. Wannan ma ciwo ne, ba rashin godiya ba.

Ba sai kin yi tafiya ta musamman ba. Ana kai yaro rigakafi a mako 6, mako 10 da mako 14, sannan a wata 9. Allurar mako 14 tana faɗowa daidai lokacin da gashi ke fara zuba. Ki tafi da karnen awonki, in an gama da yaro ki ce a duba ki ke ma.

A duba yatsun jariri

Ga wani abu ƙarami da ba a cika faɗa ba. Lokacin da gashi ke zuba, sili ɗaya na iya naɗe yatsan ƙafar jariri, ko na hannu, ko gaban ɗa namiji, ya shige cikin fata ya tare jini. Yaro ya yi ta tsala kuka, an ba shi nono ya ƙi, an goya ya ƙi. In haka ta faru, ki tuɓe shi ki duba yatsu ɗaya bayan ɗaya. In kin ga wuri ya kumbura ya yi ja da zare a gindinsa, ki warware a hankali. In ya shige ba ki iya cirewa, a tafi likita nan take. Ki riƙa kakkaɓe shimfiɗarsa, ki juya safarsa ki duba cikinta kafin ki sa masa.

Abin da muka yanke a tabarma

Tun 1991 da aka fara ƙungiyoyin Mata Masu Dubara a jihar Maradi, abin da ya riƙe tafiyar shi ne mata su zauna su faɗa wa juna gaskiya a kan kuɗi. Lafiyar jikinmu ma tana son irin wannan zama. A ƙungiyarmu mun amince da abu uku. Duk wadda ta haihu, ranar da muka je barka za mu gaya mata tun da wuri cewa gashi zai zuba wajen wata na uku, kada ta firgita. Kuɗin taimakon gaggawa da muke warewa, ana iya taɓa shi don awon jini da kuɗin mota zuwa likita. Kuma gudummawar maijego ba za ta tsaya ga sabulu da turmin zane ba, za a haɗa da tiyar wake da ƙuli-ƙuli, a sake kai mata bayan arba'in, lokacin da kowa ya watse.

Ita kuwa ƙanwarmu, ba a ba ta bashin mai ba. Wata yayarmu ce ta raka ta CSI ranar rigakafin yaron, aka auna ta, aka ce jininta ya yi ƙasa, aka ba ta ƙwayoyi. Ta tsefe ƙananan kitson da ke kanta ta koma manya guda shida. Yaron bai sha kunu ba sai da ya cika wata shida. A zubin da ya wuce ta ture kallabi ta nuna mana gefen goshinta, ga ƙananan gashi nan sun yi cirko-cirko, muka yi ta yi mata dariya. Abokiyar zamanta ce ma ta yi mata kitson.

Ku karanta wa waɗanda ba su iya karatu ba a zamanku na wannan mako, ku kira makitsiyar unguwa ta zauna ta ji. Allah ya sauki masu ciki lafiya, ya ba masu jego ƙarfin jiki, ya raya mana ɗiyanmu. Amin.